Hayaniyar Da Ya Goge

"Rufe idonki, Ma'una."

"Tajuddeen, ni fa ba na son irin wannan wasan. Inna na jirana, ka kuma san motar Tsafe ba ta jiran kowa."

"Ɗan kaɗan kawai... don Allah, sanyin idona."

Na rufe. Wa ya isa ya ƙi, in Tajuddeen ya langaɓe kai ya yi wannan muryar?

Ya zaunar da ni a kan kujerar da ke tsakiyar situdiyonsa na Tudun Wada a Gusau, ɗan ɗakin da ya manne bangonsa da soso don kada ƙarar babura ta shigo. Manyan sifiku biyu na fuskantata, waɗanda yake gogewa da hankici kamar jarirai. Sana'arsa ke nan, mutane su kawo masa tsofaffin kaset na wa'azi ko na biki, ya wanke sautinsu a kwamfuta ya mayar musu sabo. Shi da bakinsa yake cewa kunnensa ba ya haɗa hanya da hayaniya.

Sai kiɗan ya tashi.

Daga bugun farko gabana ya faɗi.

"Kaset ɗin Baba!"

"Shhh... saurara, tauraruwata."

Shi ne kuwa. Tsohon faifan nan na wani baƙar fatar Amurka, irin kiɗan da ake kira sol, wanda mai waƙar ke jan murya kamar ana zare masa rai. Na tashi da shi a kunnena, amma wallahi ban taɓa jin sa haka ba. Na ji gangar tana duka a ƙirjina. Na ji yatsan mai jita yana zamewa a kan tsirkiya. Ashe akwai mata a bayansa suna amshi, ni duk rayuwata na ɗauka iska ce! Har numfashin da mawaƙin yake ja kafin ya buɗe baki na ji, kamar yana tsaye a gabana.

Hawaye ya cika min ido, na yi murmushi, na gyara zama ina jira.

Don na san abin da ke zuwa. Daidai inda ƙahonin nan ke tashi, akwai tari guda, sannan muryar namiji ta ce, "Ke... taho ki ji wurin ga!"

Ƙahonin suka tashi.

Suka sauka.

Babu tari. Babu kowa.

Na buɗe ido.

"Tajuddeen... ina mutumin?"

"Wane mutum?"

"Mutumin da ke magana a ciki!"

Ya yi dariya, irin ta wanda ya yi aiki yana jiran yabo. "Ai shi ya fi ba ni wahala! Shi da kukan jariri da ƙarar turmi. Sai da na bi su ɗaya bayan ɗaya na tsince, ko ɓurɓushi ban bari ba. Kin ji yadda ya fito tas?"

Na miƙe tsaye.

"Ina kaset ɗin?"

Murmushinsa ya fara gushewa. "Zaren ya riga ya ruɓe, Ma'u. Da ƙyar ya jure zagaye ɗaya na kwashe shi, yana gamawa ya tsintsinke... amma ai ga shi yanzu ya fi..."

"Wanda ka kwasa kafin ka wanke fa? Yana ina?"

Ya sunkuyar da kai.

"Yana ina, Tajuddeen?!"

"Na... na goge shi. Haka nake yi in na gama aiki, don wuri."

Ban san lokacin da na zube a ƙasa ba.

"Babana ne!" na faɗa da ƙarfi. "Babana ne ka tsince! Jaririn ni ce! Turmin na Inna ne! Ka kashe min shi karo na biyu, Tajuddeen!"

Kiɗan na ci gaba da tashi a ɗakin, tsaf, babu ko ƙura.

*

Ban san mahaifina ba. Malam Yusha'u ya rasu ina tatata, zazzaɓi ya kwantar da shi bai tashi ba. Hotonsa guda da muke da shi na katin aiki ne, ruwa ya taɓa shi har fuskar ta koɗe. Abin da ya rage min shi ne wannan kaset.

A Bungudu aka ɗauke shi, lokacin muna can. Baba ya aro garmaho da faifan daga wurin amininsa, ya ajiye rakodarsa a bakin sifika a tsakar gida ya danna. To rakoda ba ta zaɓe, duk abin da ya yi motsi a gidan ranar sai da ta haɗiye. Tarinsa, dariyarsa, zakaran maƙwabta, dakan Inna, da ni da na farka ina tsala kuka.

Kuma ko sau ɗaya ba a ambaci sunan kowa ba. Ta ina? Baba ba ya kiran sunan matarsa, "ke" ce kawai. Ni kuma 'yar fari ce, akwai alkunya, sai dai ya ce "baƙuwar ga". Inna ma har ranar ban taɓa jin sunansa a bakinta ba, "Malam" take cewa ta sunkuyar da kai kamar amaryar jiya. Duk wanda ya saurara daga waje, wani mutum kawai zai ji yana surutu a kan waƙa.

Ni kuwa ban taɓa gaya wa Tajuddeen ba. Na dai ce masa akwai kaset ɗin da Babana yake so. Wani ciwon ba a buɗe shi ko a gaban masoyi, na bari sai mun yi aure in kunna masa in ce ga surukinka.

"Wa ya ba ka?" na tambaye shi ranar, ina ɗaure mayafina.

Idonsa ya yi jajir. "Mansura ce ta kawo. Ta ce kullum kina kukan hayaniyar ta hana ki jin waƙar... ta ce in ba ki mamaki kafin biki."

Mansura!

'Yar Kawu Bala, wadda muke kwana ɗaki ɗaya tun da muka koma gidansu a Tsafe. Wadda ta sha ganina ina rungume da rakoda ina kuka. Lallai da ɗan gari akan ci gari.

"Ma'u, ki tsaya... masoyiyata, ki saurare ni..."

"Kada ka ƙara kirana da wannan sunan."

Na fita na bar shi durƙushe a gaban sifikunsa.

*

Ina shiga gida na shaƙo wuyan rigar Mansura a bakin murhu.

"Me na yi miki? Me na tare miki a duniya?"

Ta ware ido kamar ba ta taɓa cin tuwo da hannu ba. "Ni? Alheri fa na nufa! Ina na san zai goge? Ai shi ne gwanin, ba ni ba."

Ta sani sarai. Ta sha raka ni situdiyon, ta sha jin yana cika bakin cewa ba ya barin ko tarin sauro a aikinsa. Ta kuma sha kallonsa ta gefen ido, ni ce dai sakarar da na ɗauka kara take min.

Kawu Bala kuwa faɗuwa ce ta zo daidai da zama. Dama can bai taɓa son maganar ba.

"Mi nic ce muku?" ya faɗa yana buga sandarsa a ƙasa. "Maroƙi maroƙi na, ko da kwamfuta shika roƙon! Yaron da ba shi da aiki sai sauraren kiɗa, shi za a ba ɗiya? To ga shi nan, tun ba a kai ko'ina ba ya watsa muna abin da munka adana. Gobe a maida musu kayansu!"

Aka mayar da akwatunan lefen.

Ban hana ba. Ni da kaina na ɗora turaren da ya ba ni a sama.

Inna kaɗai ce ba ta yi faɗa ba. Da na gaya mata, tana zaune a kan tabarma tana tsince shinkafa, hannunta ya tsaya cak. Ta daɗe tana kallon farantin, sannan ta ce, "Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un," ta ci gaba da tsintarta. Sai da na lura na ga shinkafar take zubarwa tana barin tsakuwar.

Daga wannan makon ciwon ƙodarta ya tashi. Likita ya ce tsohon ciwo ne, ya daɗe yana cin ta. Ni dai zuciyata ta ɗora wa Tajuddeen, don dole in sami inda zan ajiye baƙin cikina.

*

Bai daina zuwa ba.

Duk Juma'a bayan an sauko masallaci sai ya shigo motar Tsafe, ya zo ya tsaya a gindin dalbejiyar ƙofar gidanmu. Ba ya aikowa a kira ni. Tsayuwa kawai yake har a kira la'asar, ya juya. Ta kafar ƙyaure nake leƙensa, ina tsine masa a baki, zuciyata kuwa tana cewa dubi yadda ya rame.

Mansura ta fara fita da ruwan sanyi a kofi, an sha kwalli an sha jan baki.

Wata rana na ji shi da kunnena.

"Na gode, Mansura. Na sha ruwanki sau ɗaya, har yau ban gama shaƙewa ba."

Ta dawo tana huci, ta watsa ruwan a kwata. Allah Ya yafe min, ranar na yi dariyar farko tun da abin ya faru.

Wata Juma'ar sai ga shi da wani abu a ƙunshe cikin zane. Wannan karon ya yi sallama, ya ce Ma'u yake roƙo ko da daga bayan ƙofa ne.

Na tsaya a zaure na juya masa baya.

"Na je Bungudu," ya ce. Muryarsa ta dishe. "Na yi ta tambaya har na sami Alhaji Umar, mai garmahon. Ya tsufa, idonsa ya tafi. Na ce ko Baba ya taɓa kwafa masa kaset ɗin, ko akwai wani a wani wuri... mun zazzage ɗakinsa kaf. Na je har Kwatarkwashi wurin ƙanensa."

Numfashina ya tsaya. "Ka samu?"

"Ban samu ba, Ma'u."

Na dafa bango.

"Na kai kwamfutar wurin waɗanda suka fi ni, sun ce wani aikin ya riga ya hau kan wurin. Ba zan yi miki ƙarya ba, abin da na goge ba zai dawo ba. Alhaji ya ba ni faifan ya ce in kawo miki. Ya ce in gaya miki waƙar tana ciki, amma Yusha'u ba ya ciki." Na ji yana jan hanci. "Garin neman gira na rasa ido. Ban zo ki yafe min ba, ni ma ban yafe wa kaina ba. Na zo ne kada ki ci gaba da sa rai."

Ina son sa. A wannan lokacin na san ina son sa har cikin ƙashina, kuma na tsane shi daidai da haka.

"Ajiye ka tafi," na ce.

"Ma'una..."

"Ka tafi!"

"Kai yaro."

Muka juya tare. Inna ce tsaye a ƙofar tsakar gida, tana dafe da bango, ƙafafunta a kumbure. Ashe duk ta ji.

Tajuddeen ya zube a ƙasa. "Inna, ina wuni... Inna, ki gafarce ni."

"Tashi. Waƙar da kag gyara, tana nan?"

"Tana nan, Inna."

"Ka kawo min ita gobe, da manyan akwatunan kiɗan nan naka da Ma'u ka ba ni labari. In ji abin da anka musanya min Malam da shi."

*

Washegari da hantsi ya iso da sifikun a bayan mota. Kawu Bala ya taso zai yi faɗa, Inna ta dube shi daga kan tabarmarta.

"Yaya, tunda niz zo gidan ga ban taɓa roƙonka komi ba. Yau ina roƙo."

Kawu ya saɓa babbar rigarsa ya fice.

Tajuddeen ya jera sifikun a tsakar gida, ɗaya kusa da turmi, ɗaya kusa da randa. Ya shiga haɗa wayoyi. Na zauna a bayan Inna na tallafe ta, ko kallonsa ban yi ba.

Ya kunna.

Kiɗan ya cika gidan, har kaji suka tsaya. Inna ta rufe ido.

"Ikon Allah," ta ce a hankali. "Ashe haka Malam ka jin ta. Shi kusa ga garmahon shike zaune, ni ina can bakin turmi, ban taɓa jin matan ga ba."

Ƙahonin suka fara tashi. Na runtse ido, don na san ramin da ke wurin.

Sai na ji tari.

A jikina na ji shi, daga ƙirjin Inna. Ta kumbura murya, ta yi ta irin ta maza.

"Ke... taho ki ji wurin ga!"

Tsigar jikina ta tashi. Daidai wurin! Daidai yadda yake jan "ke" ɗin!

Waƙar ta ci gaba, Inna na biye da ita ido a rufe. Inda mawaƙin ya ja murya, ta yi 'yar dariyar Baba ta hanci.

"Wanga bawan Allah kuka shikai. Wata ta ƙi shi, kamar yadda kinka so ki yi min."

Na fashe da kuka. Na ɗago na dubi Tajuddeen, shi ma hawaye ya wanke masa fuska.

"Tajuddeen," na ce, karo na farko da na kira sunansa tun ranar. "Abin ɗaukar maganarka... ka zo da shi?"

Ya gyaɗa kai.

"Maido waƙar farko. Ka ɗauka."

Ya kafa makirfo a gaban Inna, ya maido. Ta sake bi tun daga tarin, ba ta tsallake ko kalma ba. Shekara da shekaru tana sauraro a ɓoye in na tafi makaranta, ni ina zaton ni kaɗai ce marainiyar kaset ɗin. Ta yi "ga baƙuwarki nan ta falka", ta yi "a'a, bari in ɗauke ta, ci gaba da dakanki". Akuyar Kawu ta yi kuka a tsakiya. Mai tallan awara ta ƙwala kira daga waje. Tajuddeen ko motsi bai yi ba.

Waƙar ƙarshe ta zo, mai sanyin nan. A nan Baba yake sake kiran ta, a hankali wannan karon. A tsohon kaset ba ta taɓa amsawa ba, sai dai ka ji taɓarya ta tsaya, sannan ta ci gaba.

Inna ta yi muryarsa.

"Ke... ba ki tahowa?"

Hawaye ya gangaro ta gefen idonta.

Sannan da muryarta, tata ta kanta, siririya kamar ta yarinya, ta ce,

"Ga ni nan tahe, Yusha'u."

Ban taɓa jin sunan a bakinta ba sai ranar.

Da kiɗan ya ƙare ta kamo hannuna ta riƙe, ta dubi Tajuddeen.

"Yaro, ka yi ɓarna, ba ni ce maka ba ka yi ba. Amma wanda yab bi ƙauyuka neman muryar mutumin da bai sani ba, ba shi wulaƙanta ɗiyarshi." Ta juyo gare ni. "Ke kuma, kunya ta hana ni amsa ma ubanki sadda shika jina. Kar fushi shi yi miki abin da kunya ta yi min."

*

Inna ba ta ga damina ba.

Ta rasu a asibiti a Gusau, kanta a cinyata, Tajuddeen na tsaye a bakin ƙofa da ledar maganin da ba a kai ga buɗewa ba. Kafin nan ta sa an kira mata Kawu Bala, ta ce masa wasiyyarta guda ce. Kawu ya fito yana share ido da hannun riga, da kansa ya aika a dawo da akwatunan lefen.

Aka ɗaura aure bayan arba'in, ba kiɗa ba taro. Mansura ta tafi wurin gwaggonta a 'Yankuzo tun kafin ranar, ban tambayi dalili ba.

Na yi makonni a gidana ban iya tambayarsa muryar Inna da ya ɗauka ba. Shi ma bai tayar da maganar ba. Sai wata ranar Asabar da yamma, na same shi a situdiyo, na zauna a kan kujerar nan ta tsakiya.

"Kunna min."

Ya daɗe yana kallona. "Kin tabbata, Ma'una?"

"Ka taɓa shi?"

"Ko da yatsa. Akuyar na nan, mai awara na nan, kukanki na nan. Na ajiye shi wuri uku."

Ya kunna, ya zo ya zauna a ƙasa kusa da ƙafata.

Sifikun nan da ba sa ɓoye komai suka kawo min tsakar gidanmu gaba ɗaya. Na ji iska a ganyen dalbejiya. Na ji ƙarar awarwaron Inna in ta motsa hannu. Na ji yadda numfashinta ke wahala kafin kowace kalma, abin da ban lura da shi ba ranar. Baba ya tafi, ba zan ƙara jin muryarsa ba har abada, wannan ciwon yana nan kuma Tajuddeen ya san yana nan.

Waƙar ƙarshe ta zo.

"Ke... ba ki tahowa?"

Na damƙe hannun mijina.

"Ga ni nan tahe, Yusha'u."

Ya miƙa hannu zai kashe, ganin yadda nake kuka.

"Bar shi," na ce. "Akwai sauran tarinta a ƙarshe."